Kwano Uku a Guangzhou

Zuwa ga mahaifiyata, Inna,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Ina gaishe ki gaisuwar da na saba yi miki a durƙushe a bakin ƙofar ɗakinki, tare da fatan kina cikin ni'imar Ubangiji a makwancinki. Na san babu gidan wayar da zai kai miki wannan takarda. Duk da haka zan rubuta, domin akwai labarin da ke kaɗai za ki gane daɗinsa, kuma ya shafi Baba.

Kafin nan bari in faɗa miki sana'ar da ɗanki ya ɓuge da ita, don na san da kina nan sai kin riƙe haɓa. Kun turo ni karatu, na yi karatun, na iya yaren mutanen nan har ina yi wa 'yan kasuwarmu tafinta. Amma abin da aka fi sanina da shi a garin nan yanzu shi ne yawon ɗanɗano. Mutanenmu sukan zo saro kaya da akwati guda cike da garin kwaki da ƙuli-ƙuli da kilishi, su yi mako biyu suna jiƙa gari a ɗakin otal saboda tsoron naman alade. Ban ga laifinsu ba. Sai dai ranar da wani Alhaji Sale, ƙaton mutum, ya nemi ya kife mini a tsakiyar shagunan tufafi na Guangyuan Xilu don yunwa, na ce a'a, wannan wahalar ta isa.

Tun daga nan duk Juma'a, in an sallame daga Masallacin Huaisheng, nakan kwashi mutum biyar ko shida mu shiga kasuwanni. In nuna musu rubutun halal da ake mannawa a ƙofar shago, in koya musu yadda za su tambaya, in gargaɗe su cewa har burodi akwai wanda ake sa wa kitsen da bai halatta ba. Sannan mu fara ci. Akwai Musulmi 'yan arewacin ƙasar nan masu gasa gurasa a tanderu, wallahi in kika rufe ido sai ki ce daga unguwar Jakara ta Kano aka kawo ta. Akwai tsiren rago mai wani yaji nasu na daban. Akwai ruwan rake da ake matsewa a gabanka, da gasasshen dankali, da wani ɗan itace mai jan ɓawo da suke kira laici, cikinsa fari fat, ga zaƙi kamar an tsoma shi a zuma.

A wurinki na koyi wannan, ko da yake a lokacin haushi nake ji. Kin tuna in kika ja ni Kasuwar Rimi riƙon kwando? Ba kya sayen manja sai kin ɗiga a bayan hannu kin lasa. Daddawa sai kin shinshina. Gari sai kin watsa a baki kin yi shiru kamar mai sauraron wa'azi. Ni kuwa ƙafa ta gaji, rana ta yi. Kikan ce wanda bai ɗanɗana ba bai yi sayayya ba, sayar masa aka yi. Yanzu ga ni ina faɗa wa manyan alhazai wannan maganar kamar ni na ƙirƙiro ta.

To, ga maganar Baba.

Tun da kika rasu bai ƙara cin abin kirki ba. Duk lokacin da na sayi katin waya na kira gida, zancen 'yarki Hadiza ke nan. Loma biyu, sai ya ture kwano ya ce alhamdu lillahi. Ta sauya miya, ta sauya tuwo, ta karɓo girkin Gwaggo ko za a dace, shiru. An kai shi asibiti, likita bai ga komai ba. Shekara guda da watanni ana haka, har Hadiza ta ce mini ita fa tsoro take ji kada mu yi rashi biyu. Daga nan Kawu Ilu ya kawo shawarar a haɗa shi da 'yan kasuwar Kwari masu zuwa nan, wai ya zo da kansa ya zaɓi keken ɗinki na zamani don shagonsa. Keken hujja ce kawai. So ake ya sha iska, ko Allah zai sa ya sake.

Inna, da na gan shi a filin jirgi da ƙyar na gane shi. Hularsa ta sauko har kan kunne. Babbar rigar nan ruwan toka da kika fi so, kamar a jikin ƙusa aka rataye ta. Na durƙusa na gaishe shi, ya ce yaya karatu, kamar bai san na gama ba. A raina na ce kwana goma gare ni, kuma in Allah ya yarda ba zai koma Kano a haka ba.

Har da cika baki na yi wa Hadiza. Na ce ni da na sa Alhaji Sale ya ci taliya da tsinke biyu, Baba ne zai gagare ni? Kwana uku na farko shayi da biskit kaɗai ya shiga cikinsa. Na ce ba komai, Juma'a tana zuwa.

Ranar Juma'a na saka shi cikin ayarina. Samari shida ne, duk 'yan kasuwa, babu wanda ya kai arba'in. Muka tsaya wajen mai gurasa, na gutsuro mai zafi na miƙa masa. Ya mayar da hannayensa baya ya ce alhamdu lillahi. Wajen mai rake ma haka. Na ɓare masa laici da hannuna, ya kalle shi ya ce ikon Allah, ya kau da kai. Samarin nan kuwa, da kyakkyawar niyya, suka sa shi a gaba. Wannan ya ce Baba a taɓa mana, wancan ya ce Baba ko ɗan kaɗan. Wani har ya kai masa tsinken tsire kusa da gemu. Ga zafin garin nan mai sa riga ta manne a jiki, ga mutane suna ta gogayya, ga tsoho yana tafe a bayanmu shiru.

Ba zan ɓoye miki ba, raina ya ɓaci. Na ce a zuciyata wannan wane irin taurin kai ne. Kuma sai bakina ya kufce, a gaban mutane na ce masa, “Baba, ko don Inna ka ci.” Kallo ɗaya ya yi mini ya sunkuyar da kai, ni kuma na ji da ma ƙasa ta tsage in shige. Ki yafe mini wannan, na sa sunanki inda bai kamata ba.

Zangonmu na ƙarshe shagon wata dattijuwa ne da mutanenmu suka laƙaba wa Hajiya Ma, duk da ba ta taɓa zuwa Makka ba. Musulma ce, kullum da farin ɗankwali, mijinta yana ja wa mutane taliya da hannu, ita tana zuba romon naman sa. Ta saba da ni. Tana ganin Baba ta tambaye ni da yarensu wane ne wannan. Na ce mahaifina ne, matarsa ta rasu, ya daina cin abinci. Sai ta tambaye ni da can a gida da wa yake ci.

Wannan tambayar ce ta farkar da ni. Inna, shekarata talatin da ɗaya a duniya, ban taɓa ganin Baba ya kai loma bakinsa ba. Ke kike ɗaukar kwanukan ki kai ɗakinsa, ki rufe da faifai, ki saki labule, ki kore mu tsakar gida kina cewa ba a kallon bakin babba. Mu dai fitowar kwano kawai muke gani. Da kika tafi, Hadiza don tsananin ƙauna sai ta riƙa zama a gabansa tana roƙo, idonta a kan hannunsa. Ni kuma da na fi kowa wayo na jawo shi tsakiyar kasuwa, a tsaye, a gaban sa'annin 'ya'yansa. Mutumin da ko gyaɗa bai taɓa ɓarewa a kan hanya ba. An ce rashin sani ya fi dare duhu, to nawa ya fi muni, don na sani mantawa na yi.

Na tambayi Hajiya Ma ko akwai wani wuri keɓaɓɓe. Ta nuna mini ɗan ɗakin da suke salla a bayan shagon, da tabarma da labule. Na sallami samarin, na ce wa Baba ga wurin la'asar. Da ya idar, na shiga da ruwan wanke hannu da kwanon taliya da cokali, na ajiye a gefensa, na kifa faranti a kai. Ban ce ci ba, ban ce bismillah ba, ban ko ɗaga ido ba. Na saki labulen na fito, na jawo kujera na zauna na ba ɗakin baya.

Mijin Hajiya Ma yana ta buga ƙullin taliyarsa a kan tebur, ni kuwa kunnena yana bayana. Can sai na ji an ɗaga faranti. Sai ƙarar cokali a jikin kwano. Hawaye suka zubo mini, Inna, har mijin ya leƙo ya tambaya lafiya, na ce masa barkononsu ne.

Yanzu ga inda za ki yi dariya. Bayan ɗan lokaci sai ga kwano an turo ta ƙarƙashin labule, tas, kamar an wanke. Kin san shi, in a gidan mutane ne ba ya barin saura, kada a ce ya raina, kuma ba a san inda albarka take ba. Su kuma mutanen nan, in baƙo ya cinye kwano tas, ma'anarsa bai ƙoshi ba, kuma abin kunya ne ga mai gida. Hajiya Ma tana gani ta girgiza kai, ta cika kwanon, ta tura ta ƙarƙashin labule. A duk shagon ni kaɗai na san al'adun biyu, kuma aikina ke nan da nake ci da shi, in yi wa kowa bayanin ɗan'uwansa. Allah ya yafe mini, tafinta ya yi gum da bakinsa.

Kwano na biyu ma ya fito tas. Ta sake cikawa, har da ƙarin nama, tana hararata wai na bar tsoho da yunwa. Sai a na uku na ji muryarsa. Kin san ba ya kiran sunana. “Kai, wannan,” in ji shi. “Ka ce wa baiwar Allahn nan ta yi wa Allah ta dakata haka.”

Na shiga na same shi ya jingina da bango, ya tura hula ƙeya, gumi yana tsattsafo masa a goshi. Ya turo mini rabin da ya rage ya ce in ƙarasa kada a zubar. Na koma lungu na juya baya na cinye. A iya yawon da na yi a kasuwannin garin nan ban taɓa cin abin da ya kai wannan ragowar daɗi ba.

Muka kama hanyar komawa otal har muka kusa isa. Sannan, ba tare da ya dube ni ba, ya ce taliyar ba laifi, amma romon salam yake. “Da uwarku ce, da ta sa daddawa.”

Ke kin fi kowa sanin abin da wannan yake nufi. Shekara nawa kina girki bai taɓa cewa ya yi daɗi ba, sai dai gishiri ya yi kaɗan, ko kuka ta yi ruwa, ke kuma ki yi murmushi ki ce ai ya ci ke nan. Kuma da na faɗa wa Hadiza, ta ce tun ranar sadakar bakwai ba ta ƙara jin ya ambace ki ba sai wannan.

Sauran kwanakin kullum muna shagon Hajiya Ma da azahar. Na roƙe shi ya riƙa barin ko loma guda a gindin kwano, ya ce wannan almubazzaranci ne, amma ya bari. Gurasa da laici kuwa a leda nake kai masa ɗaki in ajiye in fita, in na dawo in tarar da ɓawo. Keken ɗinkin ma an saya, yana hanya a jirgin ruwa.

Kafin ya sauka Kano na riga na kira Hadiza na ce mata abu uku: ki ajiye, ki rufe, ki fita. Jiya muka yi waya. Ta ce Baba ya aiko a gaya mata miyarta ta cika tsami. Tana faɗa tana dariya tana kuka, har katin ya ƙare ban gane sauran zancen ba.

Saboda haka ki kwantar da hankalinki, Inna. Yana ci.

Allah ya jiƙan ki, ya yalwata kabarinki, ya haskaka shi. Yadda kika rufa wa Baba asiri a bayan labule shekara da shekaru, Allah ya rufa miki naki ranar tsayuwa. Ya ciyar da ke daga 'ya'yan itacen Aljanna, ya ƙara wa Baba lafiya, ya haɗa mu gaba ɗaya a gidan da ba a rabuwa. Amin.

Ɗanki mai kewarki,
Auwalu
Guangzhou