Inna Ba Za Ta Kira Ka Ba

Zuwa ga Yaya Habu, a ƙasar Suwidin.

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan kana lafiya, ƙanwarka Ladidi ce daga Haɗejiya.

Kana dai tune da shekarar da aka sami 'yancin kai, da Turawan Suwidin suka zo fadamar Auyo ɗaukar fim na masunta. Duk yara muka watse da ganin na'urarsu, kai kuwa ka haye gora ka bi ruwa kana yi musu gwalo. Rashin kunyarka ce ta saya maka aiki.

Da suka nemi tafiya da kai don a ƙarasa fim ɗin a can, Baba ya shigo ya tambayi Inna. Kana bayan zana kana ji ta ce, "Ni ina ruwana da shi? A tambayi kakarsa." Na ga yadda fuskarka ta koma. Washegari ka shiga motarsu ko waiwaye ba ka yi ba.

Wani malamin gona ɗan garin Malam Madori da ya je karatu can ya kawo mana labarinka kwanan baya. Ya ce ka fito a fina-finai da dama kana yaro, har ana nuna ka a titi. Da murya ta buɗe, gemu ya fara tsirowa, suka daina nemanka. Yanzu kai ne mai yagar tikiti a ƙofar sinima. Wannan bai dame ni ba, sana'a ce. Abin da ya ƙona mini rai shi ne da ya ce maka ka zo gida, ka ce wurin wa, uwar da ko sunanka ba ta taɓa kira ba.

Haba Yaya! Sanyin ƙasar ne ya daskarar maka da tunani? Kai ɗan fari ne, ita kuma Bafulatana. Wace uwa ce a danginmu za ta buɗe baki a gaban miji ta ce a bar mata ɗanta na fari? Kakarmu take jira ta hana, tsohuwa kuwa ta ɗauka tafiyar damina ɗaya ce.

Da suka aiko da fim ɗin aka nuna a majigi a filin kasuwa, ni Inna ta tura. Na dawo ina zuba labari, tana tankaɗe kamar ba ta ji. Can ta ce, "Wannan yaron, ya rame?" Na ce a'a. Ta shiga ɗaki, ranar ba mu ci tuwo daga hannunta ba.

Ina baƙin cikin shekarun nan, Yaya. Kai kana fushi a can, ita tana kunya a nan, ba mai gaya wa wani.

Baba ya rasu, ka sani. Inna kuma yanar ido ta rufe mata ido ɗaya, ɗayan ma sai a rana take gane mutum. Ba za ta aika a kira ka ba har ta koma ga Allah. Idan ka zo ma, na san juya baya za ta yi, ta ce da ni in ba baƙo ruwa. Ka zo ka sha, tun tana iya satar kallonka.

Allah ya sassauta zuciyarka, ya kawo ka lafiya, ya bar mata hasken da ya rage har ka iso.

Ƙanwarka,
Ladidi