Kason Gidanmu a Ramin Ƙanƙara

Asabar, 3 ga Mayu
Kogin Haraz ya cika, tun asuba yake ruri. Ƙanƙarar dutsen Damawand ce ke narkewa tana wuce ƙauyenmu ko sallama babu. Ruwa har ruwa, amma can ƙasan kwazazzabo. Tumakin da ke makiyaya a sama sai dai su ji ƙararsa. Maɓuɓɓugan da ke kusa da su kuwa zafi da warin farar wuta, ko akuya ba ta sa baki. In ba ramin da muke cikawa da ƙanƙara ba, me za su sha in zafi ya zo?

Laraba, 7 ga Mayu
Ƙafar nan tawa da ta karye ta ƙi ɗoruwa. Mai ɗori ya ce bana in manta da hawan dutse. In manta! Tun zamanin kakana ba a taɓa cika ramin nan babu kafaɗar gidanmu ba.

Litinin, 12 ga Mayu
Matata Golbahar ta ce in aika wa Faramarz. Wa? Yaron da ya sayar da tumakinsa ya gina ɗakunan wanka a kan ruwan zafi, yana miƙa wa 'yan Tehran tawul? Shi da ya faɗa mini a gaban mutane wai ɗaukar ƙanƙara wahalar banza ce, yanzu zamanin tankin ruwa ne. Tun ranar ban taka ƙofarsa ba. Ta ce, "Maigida, ɗanka ne fa." Na ce ɗanta dai.

Alhamis, 15 ga Mayu
Maƙwabcina Nosrat ya leƙo. "To Kiyumars, gobe kai da mata ke nan? In aro maka ɗankwali?" Har shayin da na ba shi haushi ya ba ni.

Juma'a, 16 ga Mayu
Maza sun fita da asuba, har jikokin Nosrat. Yau ƙauye na mata ne zuwa magariba, kamar kowace shekara, namijin da ya kasa hawa kuma kulle shi ake yi a ɗaki. Da hannunta Golbahar ta kulle ni, ta ajiye mini gurasa da cuku kamar wani ɗan yaye. Kiɗa, guɗa, sun naɗa sarauniyarsu. Ni kuwa hankalina na can sama: kowane gida na saran ƙanƙara, yana saɓawa a baya, yana jefawa rami. Za a duba a ga babu kowa namu. Na yi kuka. Gara da ƙofar ke kulle.

Asabar, 17 ga Mayu
Nosrat ya dawo, yau ba zolaya. Wai Faramarz ya je. Da takalmin birni. Ya ɗora ƙanƙara a kan riga kawai, ba bargo a ƙasa, sai faɗuwa yake yana tashi. Ya kai nasa, ya koma ya saro wani. Da ya iso bakin rami ya ce, "Wannan na Babana ne." Bayansa duk ya saɓule.
Ba bargo! Sakarai. Wa ya koya masa haka? Ba wanda ya koya masa, shi ya sa.

Lahadi, 18 ga Mayu
Na sa Golbahar ta ciro tsohon bargon da nake shimfiɗawa a baya, da kitsen tunkiya na shafawa, ta kai wa Faramarz. Na ce ta ce tsinta ta yi a rumbu. Ta juya shi tana kallona, ta ce, "Zai gane naka ne."
Na ce ta tafi kafin rana ta yi.