Kashin Zinare

Daren Laraba, Ƙofar Kwaya

Yau bakina ya ja mini. Jiya na shirya wa ɗiyata Ummi tatsuniyar wata ƙasa inda matsafa ke dafa ƙarfe ya koma zinare. Ni da ban wuce aji huɗu ba, har da ƙarin ilimi: wai tokar da ke saura sunanta kashin zinare, duk wanda ya taɓa ta sai ya manta sunan ɗiyarsa.

Na dawo daga gashin masara, hannu duk toka. Ummi ta tare ni a zaure.

"Baba, mi sunana?"

Don tsokana na ce, "Hajiya, daga wane gari?" Sai kuka.

Na ce Ummi. Ta ce ba shi ba, sunan yanka take so. To sunan mahaifiyata gare ta, ban taɓa faɗinsa ba. Uwar Ummi na bakin murhu tana dariya: "Mai tatsuniya, fidda kanka."

Na durƙusa na raɗa mata shi a kunne. Ta ɗauko buta ta wanke mini hannu da kanta.

Inna, ki yafe mini, takwararki ce ta tsare ni. Allah ya kai haske kabarinki.