Fuskokin da Misbahu Yake Zanawa

Zuwa ga Yaya Saminu,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai tarin yawa, ina fata kana lafiya, kai da Anti Nabila da yara can Fatakwal. Allah ya ƙara rufa asiri. Inna ta ji sauƙin ƙafarta, geron bana kuma yana kai mu. Maganar ƙanenmu Misbahu ce ta sa na ɗauki biro.

Ranar Litinin da safe ina fito da babur, na hangi taro a rumfar Sufyanu mai shayi. Ina isa na tarar da Misbahu ya rufe fuska da baƙin buhu da ya huda wa idanu, ya ɗaure Sufyanu a turken rumfa da igiyar guga, ga adda a hannunsa. Ba ihu yake ba, Yaya, a natse yake magana kamar alƙali. Wai Sufyanu ya taɓa sayar wa 'yan bindigar daji burodi, don haka hukunci ya hau kansa. Ni na karɓe addar, bai ja da ni ba.

Ka san tun da aka kashe Baba a gonar Zurmi muka dawo Ƙaura, ba ya komai sai karatun littattafan zane da Chinedu ke sayarwa bakin makarantar Poli, na jaruman da ke rufe fuska suna kama mugaye. Da ya daina kuka ya shiga zana nasa a takardar siminti, muka ce sauƙi ya samu. Inna har gawayi take ware masa. Ya taɓa ce mini jarumin shi ne mahaukacin gaske, ba mugun da ke ta dariya ba, tunda kullum ya kama mugu sai ya miƙa wa hukuma, gobe a sako shi ya kashe wasu. Na ɗauka hira ce.

Bayan an kwance Sufyanu na buɗe takardun ɗaya bayan ɗaya. Ban yi nisa a boko ba, amma ina gane hanci da tsage. Mugayensa duka mutanen unguwa ne. Na ƙarshen bai gama zana shi ba, amma ga tabon goshina, ga babur ɗina. Watan jiya a hanyar Jangeru mutum biyu suka tsare ni da bindiga, dole na goya su har bakin daji. Misbahu kaɗai na gaya wa, don ɗaki guda muke kwana. Da na tambaye shi bai musa ba. Ya ce yana ƙaunata, amma ba zai yi wa kowa alfarma ba.

Yanzu yana kulle a ɗakin hatsi. Kawu Umar ya ce gidan mari, Chinedu ya ce asibitin ƙwaƙwalwa. Jiya kuma wasu 'yan sa-kai suka zo roƙon a ba su shi, wai irin zuciyarsa suke nema, shi ma can yake so. Kai ne babba, ka yanke kafin ƙofar nan ta gaza. Ni dai ban ga inda za a kai shi ya dawo Misbahun da ka bari ba.

Suwaiba da Kawu suna gaishe ka, a shafa mini kan yara. Kada ka ce ƙari na yi. Hannatu mai ƙosai ta gani, Wilfred mai walda ya gani, ladan ma yana wurin. Inna kuma tana tsaye a bakin zaure daga farko har ƙarshe.

Ƙanenka,
Nasidi