Babin da Mama Ba Ta Ji Ba

Helmby, Yorkshire

Ƙanena Desmond,

Bayan gaisuwa, da fatan kana lafiya a Landan ɗinka. Mu dai muna nan, sai ruwan sama da takaicin da ka aiko mana.

Sabon littafinka ya iso. Ka san tun da idon Mama ya mutu ni nake karanta mata bayan shayin yamma. Da na kai babi na tara sai na ga abin da ka yi. Mai gidan burodin nan da ya sha giya ya yi tatil, ya kife a coci ranar auren 'yarsa, wa kake zaton bai gane shi ba? Ka canza masa suna, amma ka bar masa ɗingishin Baba! Aurena ne fa, Desmond. Matar fasto har ta daina haɗa ido da ni a kanti.

Ban karanta wa Mama shi ba. Na riƙe littafin a buɗe na tsara nawa, mutumin ya raka 'yarsa garau, ya koma gida da ƙafarsa. Ba ka da kunya.

Ka huta lafiya,
Yayarka Muriel

Landan

Yaya Muriel,

Gaisuwa gare ki da Mama. Wa ya ba ki izinin taɓa mini littafi? Shekaru na yi ina fama da babin nan, ke kuma kin share shi tsakanin kofin shayi biyu!

Baba ya faɗi, ni na ɗaga shi ina yaro, amansa a takalmina. Kuka koma gida kuka yanka kek, kuna hirar yadda rana ta yi kyau. Har ya mutu babu wanda ya ce uffan. Shirun nan naku ne ya kore ni daga garin, na gaji da shi.

Kwamitin ɗakin taron Helmby ya gayyace ni in yi karatu ranar Asabar. Babi na tara zan karanta, kowa ya ji.

Naki,
Desmond

Helmby

Desmond,

Muna gaisuwa. Mama ta ji za ka zo. Ta sa na goge mata shuɗiyar rigarta, tana ta gaya wa maƙwabta ɗanta ya mutunta ubansa a littafi. Ta roƙi kujera a layin gaba, an ba ta.

Ba zan hana ka ba. Ita dai ba za ta ga fuskarka ba, kai ne za ka ga tata.

Sai ka zo,
Muriel