Ramar Dajinki Ta Yi Fure

Zuwa ga ƙawata Hadiza,

Assalamu alaikum. Na san babu ɗan aiken da zai kai miki wannan takarda, amma tun safe na kasa zama wuri ɗaya.

Ramar dajinki ta yi fure. Wadda kika ƙullo irinta a bakin zane daga bayan garinku Tanut, kika shuka uku a bokitin fenti a tagar ɗakinmu na unguwar Xiaobei, nan ƙasar waje. Fure ɗaya ne, ruwan ƙwai, cikinsa ja kamar an ɗiga lalle. Da hantsi ya buɗe. Kafin in dawo daga wurin masu sayar da takalma a titin Zhanxi Lu har ya yi yaushi.

Akwai abin da na ɓoye miki. Kin sha gaya mini tsiron hamada ne, ƙishirwa ba ta kashe shi, yawan ruwa ne ajalinsa. Da kika kwanta asibiti kullum sai na zuba musu ruwa, don na rasa abin da zan yi miki. Biyu suka ruɓe. Ranar da kika tambaye ni, na ce duk suna nan lafiya. Kika yi murmushi kawai. Kin gane ƙarya nake? Me ya hana ki yi mini faɗa?

Innarki tana nan lafiya can gida, sai ciwon ƙafa. 'Yarki Zainabu ta sauke Alƙur'ani. Duk sanda Zainabu ta kira sai ta tambaye ni ko akwai inuwa a inda kike.

Akwatunanki biyu na kai wa mai kago, mai aika kaya gida. Bokitin ne ya ƙi karɓa, wai ƙasa ba ta ƙetare iyaka. Mai gida kuma ya ba wasu 'yan Ghana ɗakin daga ƙarshen wata. Ina zan kai ramar? Ran Juma'a na rungume ta a jirgin ƙasa har maƙabarta. Na tarar da kabarinki sharkaf da ruwan sama, na juyo da ita.

Yanzu ƙwanson irin nake jira ya bushe. Na ɗaga komawata Kano da mako guda, kuma ban san ko zai isa ba. In ya bushe, da hannuna zan kai wa Zainabu. Shekara shida kina cewa in zo in ga Tanut, ina cewa sai baɗi. Ga shi zan je, ba ke za ki tare ni a tasha ba.

Allah Ya kai haske kabarinki.

Taki har kullum,
Rakiya