Shafukan da Issifou Bai Rufe Ba

Litinin, 2 ga Satumba 2024

Yau na ɗauko wayar mijina Issifou daga ƙasan akwati. Tun da ya rasu a Afrilu ban taɓa ta ba, duk tsawon takaba. Dole ce ta sa. Ƴarmu Afra'u za ta yi rajistar jami'a, tawa kuma ƴar madanna ce, kira kawai take iyawa. Na san lambar buɗewa, shekarar haihuwar Afra'u ce. Hoton fuskar wayar tirelarsa ce a hanyar Cinkassé. Mutumin nan, ko mu bai sa ba.

Laraba, 4 ga Satumba

Sau huɗu Afra'u tana cika fom ɗin. Ƴan ajinsu sun turo mahaɗin, lien kamar yadda suke cewa, a manhajar nan ta zumunci. Idan ta latsa sai ya buɗe a cikin manhajar. Ta rubuta suna, ta rubuta komai, da zarar ta fita ɗauko hoton takardar BAC, jarrabawar gama sakandare, sai ta dawo ta tarar komai ya goge. A na huɗun ta kife wayar a kan tabarma ta ce, “Da Papa yana nan…” Ba ta ƙarasa ba. Ranar goma sha uku za a rufe.

Alhamis, 5 ga Satumba

Da dawowata daga kasuwa na tsaya kiyos ɗin Aïssa, maƙwabciyarmu mai sayar da waya. Ko minti biyu ba ta yi ba. Ta ce laifin ɗan ƙaramin burauzan da ke cikin manhajar ne, ba ya riƙe komai. Na rubuta don kada in manta: a shiga paramètres, wato saitin manhajar, a nemi wajen liens, a kunna inda aka ce a buɗe su a navigateur, wato burauza, na waje. Idan ba a ga wannan ba, a latsa ɗigo ukun nan na sama bayan shafin ya buɗe, a zaɓi buɗewa a burauzan wayar.

Ta ce, “Maman Afra'u, gwada da hannunki.” Na latsa, ya tsallaka can. Sai ta ce akwai tsofaffin shafuka goma sha tara a buɗe, ta rufe min? Na ce ta bari.

Afra'u ta gama rajista kafin magariba. Alhamdulillahi.

Juma'a, 6 ga Satumba

Bayan an sauko masallaci gida ba kowa, sai na duba shafukan.

Na farko farashin taya. Na biyu sakamakon ƙwallo. Na uku, “pieds gonflés le matin”, kumburin ƙafa da safe. Na huɗu ciwon ƙoda. Na biyar wankin ƙoda, sau nawa a mako. Akwai shafin da ya tambaya ko mai wankin ƙoda zai iya tuƙin doguwar hanya. Akwai shafin da ya tambaya shekara nawa mutum ke yi idan bai yi wankin ba.

Na shiga tarihin binciken. Oktoban bara.

A Maris likita ya gaya mana, ina zaune a gefensa, ya yi fuskar wanda bai taɓa ji ba. Har da “Inna lillahi”. Wata biyar yana sane. Ni kuwa ina dafa masa ruwan zafi da gishiri yana tsoma ƙafa, yana ce min zaman mota ne.

Asabar, 7 ga Satumba

Ban je kasuwa ba.

Litinin, 9 ga Satumba

Wata mata daga unguwar Bè ta sa na sauke atamfa turmi shida ba ta sayi ko ɗaya ba, na yi mata tsawa. Ban taɓa ba.

Ana jin haushin mamaci? Ina yi masa addu'a bayan kowace salla, ina shafawa haushin na dawowa. Da na sani a Oktoba da na hana shi tafiye-tafiyen Ouaga. Da na cire masa gishiri da maggi. Da na ja shi asibiti ko da kokawa. Shekara ashirin da ɗaya da aure, ashe ban kai a gaya min ba.

Laraba, 11 ga Satumba

A cikin shafukan akwai taswirar wani ɗakin gwajin jini a Agbalépédo. Layin gidan Yaya Assana ne, yayarsa. Na hau zem, babur ɗin haya, na tafi.

Tana tsince shinkafa na miƙa mata wayar. Ba ta ko karɓa ba. Ta ce, “Ni na raka shi.”

Abin da na faɗa ba zan rubuta ba. Na san dai na tuna mata yadda ta zauna kusa da ni ranar sadakar uku tana share min hawaye alhali ta sani.

Ta bari na gama. Ta ce ya sa ta rantse. Wai Afra'u na shekarar BAC, kada gidan ya zama gidan jinya. Na ce to ni fa? Ta daɗe tana juya tiren. Ta ce, “Ruƙayyat, cewa ya yi duk inda ya je kallon mara lafiya ake masa. Gidanki ne kaɗai yake shiga a ce masa ya ajiye takalmi a waje, ya daina ɓata ɗaki. Ya ce in bar masa wannan.”

Na ce wannan son kai ne. Ta ce, “Ƙwarai. Na gaya masa.”

Na fito ban yi sallama ba.

Lahadi, 15 ga Satumba

Na ƙarasa sauran shafukan. Ɗaya na wuraren da ake koyon aikin haɗa magunguna, abin da Afra'u ke so, shi da yake nuna kamar ba ya saurare. Ɗaya na yadda ake dafa ayimolou, shinkafa da wake, ba gishiri. Ashe shi ya sa ya riƙa shiga min madafi yana cewa hannuna ya yi nauyi, muka yi kwana biyu ba ma magana.

Afra'u ta ga idona ta tambaya. Na ce albasa. Ban san ko zan gaya mata ba.

Talata, 17 ga Satumba

Kwana uku kaina na sarawa ta ƙeya. Aïssa ta ce idan ban je an auna ni ba za ta rufe kiyos ta kai ni da kanta.

Alhamis, 19 ga Satumba

Na je. Jinina ya hau sosai. Nas ɗin ta auna sau biyu, ta rubuta magani, ta ce in dawo a duba ƙoda.

Tun daga bakin asibitin har gida a Zongo ina shirya abin da zan faɗa wa Afra'u. Gajiya ce, sun ce in huta. Yarinyar za ta fara karatu wata mai zuwa, ina amfanin ɗora mata? Maganar ta zauna min a baki daram, ko kunya ban ji ba. Na tarar da ita a ƙofa tana wanke min kallabi, ta ɗago ta ce, “Maman, me suka ce?”

Na haɗiye maganar da na shirya. Sannan na miƙa mata takardar. Ta karanta, ta zauna a kan bokiti, ta yi kuka kaɗan, ta tashi ta ɗauke robar gishiri daga madafi. Ta ce ranar gwajin tare za mu je.

Ban ce na yafe masa ba. Na dai san tsawon hanyar nan yanzu.

Miyar yau lami, kuma ta yi yawa. Na zuba a kula na ba mai zem ya kai wa Yaya Assana a Agbalépédo.